Kafin ka ɗaura AC a ɗan siton nan

Yarona, na ga saƙonka. Ka ce wani mai sarin kayan gwari da 'ya'yan itace a 'Yan Kaba da 'Yan Lemo yana so ka mayar masa da ɗan siton gidansa ɗakin sanyi, faɗi mita 2, tsawo mita 2, daga daɓe zuwa silin mita 2 da rabi. Kana tambaya ko ka ɗaura masa AC mai hos ɗaya, ka saita rimot a 16, ka karɓi kuɗinka. Kada ka yi. In ka yi haka, kafin wata ya zagayo zai zo shago yana faɗa, kuma sunana zai kira, ba naka ba.

Ka fara komawa wurinsa ka tambaye shi abin da zai ajiye, da suna, ba "kayan gwari" a dunƙule ba. Kowane kaya da sanyin da yake so. Ɗanyen tumatir wanda bai gama nuna ba, ayaba, mangwaro da dankalin Hausa duk suna son digiri 13 zuwa 15. Ka sauke ayaba ƙasa da 13, ɓawonta ya yi baƙi, ba za ta sake nuna da kyau ba. Tattasai da attaruhu sun fi son 7 zuwa 10. Karas, kabeji da latas kuwa sai kusa da ƙanƙara, wannan ba aikin AC ɗin gida ba ne, aikin injin ɗakin sanyi ne na gaske. In ya ce albasa, ka hana shi. Albasa ta fi saurin tsiro a matsakaicin sanyi irin wannan, gara a bar ta a rumfa mai iska kamar yadda manoma suka saba. Dabino shi ma ba ya shiri da danshin da tumatir ke so. Sannan ka gaya masa ayaba da mangwaro da suka nuna suna fitar da wata iska mai nunar da duk abin da ke kusa da su, in ya haɗa su da kokwamba a ɗaki ɗaya zai tarar da ita ta koma rawaya.

Irin wannan ɗaki mai digiri 12 zuwa 14 Turawa ne suka fi yin sa a gidajensu, don ajiyar giyar inabi. Mu ba harkarmu ba ce, amma lissafin ginin ɗaya ne, kuma sun daɗe a kansa. A Faransa, a yankin da garin Reims yake, ramuka ne a ƙarƙashin ƙasa cikin farin dutse, inda sanyi ke zama wajen digiri 10 zuwa 12 rani da damina ba tare da inji ba. Wanda ba shi da rami sai ya kwaikwayi ramin a ƙarƙashin matakala ko a ɗan sito: ya naɗe bango, ya toshe iska, ya riƙe danshi a kashi 60 zuwa 70 cikin 100 don kada murfin kwalba ya bushe. Abin da nake so ka ɗauka daga wurinsu shi ne inji ne na ƙarshe a lissafinsu. Mu a nan da shi muke farawa, shi ya sa muke ƙona kwamfireso, zuciyar injin.

Ɗauko biro mu yi lissafin ɗakin naka. Bango huɗu murabba'in mita 20 ne, silin 4, daɓe 4, jimla 28. A watan Afrilu zafin Kano yana taɓa digiri 40. Kana son 13 a ciki, tazara 27 ke nan. Bulo mai inci 9 da filasta yana barin zafi kimanin wat 2 da rabi ya ratsa kowane murabba'in mita a kan kowane digiri na tazara. Ka ninka 28 da 27 da 2 da rabi, za ka ga ya kusa wat 1,900. Ban sa rufin kwano ba, wanda da tsakar rana hannu ba ya iya zama a kansa. AC mai hos ɗaya a takarda yana cire wajen wat 2,600, amma an auna wannan ne ɗaki yana 27, waje yana 35. Da zarar ɗaki ya sauka, waje ya hau, ƙarfinsa ya ragu sosai. Wato zai wuni yana kokawa da bango kawai, ba a ma shigo da kwando ko ɗaya ba.

Yanzu manna farin kumfa mai kaurin inci 4 a ko'ina, irin wanda ke zuwa cikin kwalin talabijin amma na fale-fale. Wat 1,900 ɗin nan zai faɗo zuwa kusan 300. Ka ga inda aikin yake. In mai gidan yana da hali, falen nan na ɗakin sanyi mai kumfa rawaya tsakanin ƙarfe biyu ya fi, inci 3 nasa yana yin abin da inci 4 na farin ke yi har ya ɗara, kuma ana wanke shi. In zai yi farin, ya sayi mai nauyi wanda ba ya marmashewa in ka murza shi da yatsa. Araha ba ta ado. Ka jera shi hawa biyu, inci 2 a kan inci 2, ka saɓa mahaɗar don kada tsaga ta faɗa kan tsaga.

Ga wurin da yawancin masu aikin nan ke faɗuwa, kuma a rani ba za ka gane sun faɗi ba, sai Agusta. Ka san yadda kwalbar lemo mai sanyi ke gumi in ka ajiye ta a tebur. Da damina, iska mai digiri 30 da danshi kashi 80 tana fara sakin ruwanta a kan duk abin da ya sauka ƙasa da digiri 26. Ɗakinka yana 13. Danshin waje zai bi ta bulo, ya shiga tsakanin kumfa, ya tarar da sanyi, ya zama ruwa a inda ido ba ya gani. Jiƙaƙƙen kumfa ba ya tare zafi, sai wari da fumfuna, filasta ta fara kumbura, fentin ɗakin da ke maƙwabtaka ya fara ɓarewa. Maganinsa leda ce mai kauri, kuma wurinta ɓangaren zafi, wato tsakanin bulo da kumfa. Bulo, leda, kumfa, sannan abin da za ka rufe fuska da shi. Ka ɗora bakin leda kan ɗan'uwansa da kamar taƙi guda, ka bi da salatif mai kyau, ta zagaye bango da silin da daɓe ba yankewa. Kada ka ƙara wata ledar ta ciki kana ganin ƙari ne. In ka yi, ka kulle ruwa tsakanin leda biyu, ba shi da hanyar fita.

Silin ya fi ko'ina shan zafi, can ka ƙara kauri zuwa inci 6 in kuɗi sun kai. Daɓe kuma mutane suna raina shi. Shimfiɗa leda, ka sa kumfa mai tauri, ka zuba siminti inci 2 a kai da waya a ciki, ka karkata shi kaɗan zuwa ƙofa saboda wanki. In akwai taga, a toshe ta da bulo. In bangon yamma ne ke kallon rana, a yi masa rumfa ko a shafa farin fenti ta waje. Fuskar kumfa ta ciki ka rufe ta da falen roba ko langalanga, don farin kumfa yana cin wuta da sauri, ɓera kuma yana son sa. Duk wayar da za ta ratsa shi ta bi cikin bututu, ka cike bakin ramin da silikon.

Ƙofa kada ka bar wa kafinta shi kaɗai. Tana buƙatar kumfa a cikinta da robar baki irin ta firji. In ka gama, shiga ciki da rana ka rufe, ka kashe fitila. Duk inda ka ga haske, nan zafi ke shigowa. Ka rataya labulen roba mai tsaga-tsaga daga ciki. Sannan dole ƙofar ta buɗu daga ciki. Gida ne mai yara, za su gano ɗaki mai sanyi a watan azumi kafin kowa, a kan wannan ba na sassauci.

Sai yanzu maganar inji. Bango wat 300 ne, amma kaya ma suna shigowa da zafinsu. Kilo 200 na tumatir da ya sha rana a bayan a-kori-kura, in za ka sauke shi daga 33 zuwa 13 cikin awa 8, yana neman wat 550. Haɗa da buɗe ƙofa da numfashin kayan kansu, hos ɗaya ya isa har da rara. Kada mai gidan ya ruɗe ka da cewa a sa hos biyu don ya fi sauri. Babban inji a ƙaramin ɗaki tashi yake yi yana mutuwa kowane minti kaɗan, ya gajiyar da kwamfireso. Ka ba shi shawara ya riƙa sauke kaya da asuba, ko ya bar su su huce a inuwa kafin ya shigar.

Rimot ba ya sauka ƙasa da 16, wasu ma 17. Ni a ganina, in ɗanyen tumatir da ayaba ne, 16 da ke zaune daram ya fi 12 da ke hawa da sauka, ka fara gwada shi a haka. In lallai sai 13, to ka san abin da za ka tarar. Kwayil ɗin ciki, wato bututun da ke sanyaya iska, yakan fi iskar ɗaki sanyi da digiri 10 ko fiye, saboda haka yana dab da ƙanƙara. Da ya daskare iska ta daina ratsawa, ɗaki ya ɗau zafi alhali inji na ta aiki. Wani manomi a jihar New York ta Amurka, Ron Khosla, ya haɗa wata 'yar na'ura a 2006 mai suna CoolBot saboda wannan matsala. Tana ɗumama sensar AC, wato abin da ke auna masa zafin ɗaki, don ya ɗauka har yanzu da zafi ya ci gaba da aiki, tana kuma da wata sensa a jikin kwayil da ke tsayar da shi in ƙanƙara ta fara kamawa. In ba ka same ta ba, ƙaramar kwantirola ta ɗakin sanyi mai sensa biyu za ta yi wannan aiki a kan AC na gargajiya. Abin da ban yarda da shi ba shi ne ka zaro sensa ka rataye ta a waje ka tafi, yadda na ga wasu suna yi. AC mai inbata ya fi sauƙin tashi a sola, amma ya fi wuyar yaudara, ka auna wanne ya fi damun mai gidan.

AC busar da iska yake yi, tumatir kuwa yana son danshi kashi 85 zuwa 95. Da hunturu, lokacin da danshin Kano ke faɗowa ƙasa da kashi 20, kwana biyu sun isa kaya su yamutse, nauyi ya ragu, riba ta tafi. Ka sa ya riƙa yayyafa ruwa a daɓe, ya rataya jiƙaƙƙen buhun algarara a gefe, kuma kada iskar AC ta bugi kaya kai tsaye. Kwandunan roba masu huji, a kan katako, nesa da bango kaɗan. Tunda na ambaci jiƙa, in mutumin ƙaramin ɗan kasuwa ne da rani kawai yake sari, ka tuna masa da tukunya cikin tukunya da jiƙaƙƙen yashi a tsakani, wadda Malam Mohammed Bah Abba na Jigawa ya yaɗa har ya ci kyautar Rolex a 2000. Ba ta cin wuta, sai dai da damina ba ta da kataɓus, don iska ta riga ta ƙoshi da ruwa.

Wuta kuwa ka san halinta. Sa wa injin abin jinkiri na minti 3 don kada kwamfireso ya tashi a kan matsi in an ɗauke an dawo, da sitabilaiza. Ka jera jarkoki 10 na lita 20 cike da ruwa a gindin bango. In sun yi sanyi, kafin su hau digiri 3 sun shanye zafin da bango ke shigowa da shi na fiye da awa 2, kuma kayan kansu suna riƙe sanyi. Injin waje ya zauna a inuwa inda iska ke wucewa, a wanke shi duk wata da hunturu. Ka ja bakyum, wato ka zuƙe iskar bututu, kafin ka saki gas, ban son jin ka hura da gas kawai. In gas ɗin R32 ne, yana kamawa da wuta, kada ka kunna walda sai ka tabbatar bututu babu komai. Tiyon ruwa ka lanƙwasa shi ya riƙe ɗan ruwa a gwiwa, in ba haka ba iska mai zafi da kyankyasai za su biyo ta nan.

In ka gama, kada a shigar da kaya. Bar ɗakin ya yi kwana biyu yana aiki da jarkokin kawai. Ka tsoma ma'aunin zafi a kwalbar ruwa a tsakiyar ɗaki, don na iska yana tsalle duk sanda aka buɗe ƙofa, ka rubuta abin da ya nuna da asuba, da azahar, da bayan isha'i. Ka shafa bangon ta waje da tafin hannu, inda ka ji sanyi akwai tsaga a kumfa. A takardar kuɗi kuma ka raba kuɗin kumfa da leda daban da na inji, don nan zai fara neman ragi. In ya ce a cire leda ko a rage kauri, ka ce sai ka tambayi ogan ka, ka kawo shi shago ranar Asabar bayan la'asar in yi masa lissafin da kaina.