Kuskuren lambar fuloti a takardar ƙara

Malam, ka ce an rubuta lambar fuloti da iyakar gabas ba daidai ba a ƙarar ƙwato filinka, shin ta lalace ke nan? A'a. Abin yi shi ne lauyanka ya nemi izinin kotu ya gyara takardar. Babbar Kotu kan amince kafin hukunci, muddin gyaran ba zai cuci wanda kake ƙara ba, sai dai wataƙila ta ɗora maka kuɗin ɓata lokaci.

Amma kada ka yi sanya. A Najeriya, mai ƙara ne zai nuna filin sarai, in ya kasa a kori ƙararsa. Ka haɗa taswirar safiyo da ta dace da takardar mallakarka. In kan iyaka ake jayayya, a roƙi alƙali ya je ya gani da ido.