Yunwa ce ke kawo juyin juya hali?

Tambaya: Malam, kullum sai in ji ana cewa ranar da talaka ya ji uwar bari zai tashi ya kifar da gwamnati. To ga ƙasashe nan birjik da talauci ya yi wa katutu shekara da shekaru, amma shiru kake ji. Mene ne ainihin abin da ke haddasa juyin juya hali? Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Malam, yunwa kaɗai ba ta kayar da gwamnati. Wanda ya wayi gari yana neman abin da zai sa a bakin salati ba shi da sararin shirya komai. Shi ya sa masana zamantakewa suka fi zuba ido kan gwamnatin kanta: yaushe ta tsage daga ciki?

Theda Skocpol, masaniyar da a littafinta na 1979 ta kwatanta juyin Faransa da na Rasha da na Sin, a nan ta tsaya. Dubi Faransa. Bashi ya yi wa Sarki Louis na 16 yawa, har da wanda aka ciwo don taimaka wa Amurkawa su yaƙi Ingila. Ya so ya aza haraji kan manyan masu sarauta, suka ce ba su san zance ba. Dole ta sa ya kira majalisar wakilan ƙasa a watan Mayun 1789, wadda rabonta da zama tun 1614. Gaskiya ne amfanin gona ya lalace a 1788, burodi ya yi tsada. Amma ai Faransawa sun sha yunwa kafin wannan, sarauta ba ta girgiza ba. A wannan karon manya ne suka fara kokawa da juna, talakan Paris ya tarar da ƙofa a buɗe.

Akwai kuma ra'ayin James Davies na 1962: haɗari yana zuwa ne idan mutane sun ɗanɗana ci gaba, suka sa rai, sai abin ya tsaya cak. Iran ta fi nuna wannan. Farashin mai ya ninka kusan sau huɗu a 1973 zuwa 1974, kuɗi ya kwararo, 'yan ƙauye suka cika Tehran. Zuwa 1977 harka ta ja baya, hauhawar farashi ta rage musu komai.

Sai dai ni a ganina fushi bai isa ba sai da hanyar da za ta haɗa mutane, kuma wannan ne masu hasashe a teburin mai shayi ke mantawa. A Iran masallatai da 'yan kasuwa ne suka zama hanyar. An harbe masu zanga-zanga a Kum a Janairun 1978. Ranar addu'ar arba'in ɗinsu jama'a suka fito a Tabriz, aka sake kashe wasu, bayan kwana arba'in aka sake fitowa a wasu garuruwan. Gwamnati ba ta da bakin hana zaman makoki. Ga kaset-kaset na jawaban Ayatullah Khomeini, malamin da ke jagorantar adawa daga gudun hijira, suna yawo hannu zuwa hannu. Da ma'aikatan mai suka shiga yajin aiki a ƙarshen shekarar, aljihun gwamnati ya bushe. Shah, wato sarkin Iran, ya bar ƙasar ranar 16 ga Janairun 1979.

Daga nan sai maganar bindiga. Duk yawan taro, in soja ya yarda ya yi harbi kuma manyansa ba su rabu ba, gwamnati kan tsira, kamar yadda aka gani a dandalin Tiananmen na ƙasar Sin a 1989. A Petrograd kuwa, babban birnin Rasha a lokacin, a 1917, sojojin da aka tura su tarwatsa masu neman burodi sai suka koma cikinsu, cikin 'yan kwanaki Sarki Nicholas na 2 ya sauka. A Tehran ma ranar 11 ga Fabrairun 1979 rundunar soja ta ce ta zama 'yar ba-ruwanmu, a ranar gwamnati ta faɗi.

Ƙasashen da ka ambata, galibi masu mulkinsu suna iya biyan soja albashi, manya kuma suna raba abin da ke akwai a tsakaninsu, ko da kuwa suna zagin juna a rediyo.