Bel ɗin tayimin na tsohuwar mota: a canja shi yanzu ko a jira?

Tambaya: Assalamu alaikum, Injiniya. Na sayi wata mota ta hannu wadda shekarunta suka haura 20, mitarta kuma tana nuna kilomita 210,000. Wanda ya sayar mini bai san lokacin da aka canja bel ɗin tayimin ba, kuma babu wata takarda da ta nuna hakan. Wani bakanike ya buɗe murfin sama ya leƙa, ya ce bel ɗin da sauransa, sai dai ya ga ɗan danshin baƙin mai a gefe. Wani kuma ya ce in canja shi yanzu, har da famfon ruwa. Motar tana tashi lafiya, ba ta wani ƙara. Shin akwai hanyar gane cewa ya kusa tsinkewa, kuma wace shawara zan bi?

Amsa: Wa'alaikumus salam, Malam. Ka bi shawarar bakanike na biyu, kuma kada ka bari abin ya ɗauki lokaci. Ba ina nufin na farkon bai san aikinsa ba ne. Ya faɗi abin da idonsa ya gani. Matsalar ita ce bel ɗin tayimin yana cikin kayan mota ƙalilan da ido ke iya tabbatar da lalacewarsu amma ba ya iya tabbatar da lafiyarsu. Idan aka haɗa wannan da rashin sanin tarihin motar, ga kuma danshin mai, to babu sauran hujjar jira.

Da farko ka bambanta shi da fanbel, wanda kake gani a waje da zarar ka ɗaga bonet, mai juya janareton caji da famfon sitiyari da na'urar sanyi. Shi na tayimin yana ɓoye a bayan murfi, yana da haƙora a cikinsa, kuma aikinsa shi ne ya haɗa kiranshaf, wanda fistin ke juyawa daga ƙasa, da kamshaf, wanda ke buɗe bawul-bawul daga sama. A injin mota, duk juyi biyu na kiranshaf, kamshaf juyi ɗaya yake yi, ba ƙari ba ragi. Idan allurar injinka tana kan 3,000, wato juyi 3,000 a minti ɗaya, kiranshaf yana juyawa sau 50 a cikin daƙiƙa ɗaya, kowane bawul kuma yana buɗewa yana rufewa sau 25 a cikin wannan daƙiƙar. Haƙoran bel ne kaɗai ke riƙe wannan lissafi. A ce fulin kamshaf, wato faifan da bel ke juyawa, yana da haƙora 40. Tsallake haƙori ɗaya tak zai kawar da kamshaf da digiri 9, wanda yake daidai da digiri 18 a kiranshaf, kuma hakan ya isa ya sa mota ta rasa ƙarfi, ta riƙa rawa a sulo, ko ta ƙi tashi.

Abin da ya fi muhimmanci ka bincika shi ne nau'in injinka, domin a nan ne asara ke bambanta. A wasu injuna, wurin da bawul ke saukowa idan ya buɗe shi ne wurin da fistin ke kaiwa idan ya hau, sai dai kowa da lokacinsa, tamkar mutum biyu da ke bin ƙofa ɗaya bi da bi. Muddin bel na aiki ba za su haɗu ba. Da ya tsinke, kamshaf zai tsaya cik ya bar wasu bawul-bawul a buɗe, kiranshaf kuwa zai ci gaba da juyawa saboda nauyin motar da ke tafiya, sai fistin ya daki bawul ya lanƙwasa shi. Idan da gudu ne, ana iya samun bawul ya karye ya huda kan fistin ko ya lalata kan silinda. Akwai kuma injunan da aka bar isasshen rata a cikinsu, waɗanda ko bel ya tsinke babu abin da zai daki wani. Motar za ta mutu ne kawai a inda take. Injin Toyota 5S-FE mai lita 2.2, na Camry da aka ƙera kafin 2002, yana cikin masu rata. Injin Honda Accord mai silinda huɗu na 1998 zuwa 2002 kuwa yana cikin masu karo, haka ma kusan dukkan injunan dizal saboda tsananin matsin da suke aiki da shi. Lambar injinka tana jikin injin, kuma da ita za a duba a gane ɓangaren da ya faɗa. Da wannan lambar ce ma ake sanin ko bel ne ko sarƙa, domin daga 2002 Camry mai silinda huɗu ta koma sarƙa, Accord mai silinda huɗu kuma daga 2003; amma tunda bakanikenka ya ga bel da idonsa, wannan ba damuwarka ba ce.

Ko da injinka mai rata ne, ban yarda a mayar da hakan dalilin sakaci ba. Motar da ta mutu tana cikin gudu, a tsakiyar wuce wata mota ko a kan gangara, sitiyarinta zai yi nauyi nan take, birkinta kuma zai taurare bayan taku ɗaya ko biyu. Injin ya tsira, amma mutanen da ke ciki suna cikin haɗari.

Sai mu zo kan dalilin da ya sa leƙawa ba ta wadatar ba. An yi bel ɗin ne da roba, a cikinta an shimfiɗa zarurruka masu ƙarfi, yawanci na gilashi, waɗanda su ne ke ɗaukar ja, sannan aka lulluɓe haƙoran da wani siririn yadi don rage ci. Abin da ake gani idan an buɗe murfin sama shi ne bayan bel, shi ma ɗan yanki ne kawai. Zarurrukan da ke gajiya suna ciki, ba a ganinsu. Tsagewar da ta fi haɗari kuma a gindin haƙori take farawa, ta ɓangaren da ke kwance a kan fuli. Shi ya sa sau da yawa bel ba ya ma tsinkewa gida biyu: haƙora biyar ko shida ne ke sulluɓewa a daidai ƙaramin fulin kiranshaf, galibi lokacin tayar da mota da safe ko a sulo, sai fulin ya riƙa juyawa shi kaɗai, bel ɗin yana tsaye, bayansa kuma sumul kamar sabo.

Akwai alamun da idan an gansu magana ta ƙare: tsattsagewa a bayan bel, ƙyalli da tauri kamar an goge shi, zare da ke fita a gefe, baƙar ƙurar roba da ta taru a cikin murfi, ko haƙorin da ya fara ɗagowa. Ta fuskar ji kuma, kukan boris ko ƙaƙas-ƙaƙas daga bayan murfin yana nuna cewa ɗaya daga cikin fulolin ya fara mutuwa. Amma rashin waɗannan alamu ba shaida ba ce. Bel mai yawa ya yi aikinsa shiru har zuwa daƙiƙar da ya saki, don haka shirun motarka kada ya rage maka komai daga hanzari.

Saboda wannan ne kamfanonin mota suka ɗaura canjinsa a kan tafiya da shekaru, duk wanda ya riga zuwa. Yawancin ƙa'idojin suna tsakanin kilomita 60,000 da 160,000, ko shekara 4 zuwa 7, gwargwadon injin. Mutane sun fi riƙe lissafin kilomita su manta da na shekaru, alhali roba tana tsufa ko mota tana ajiye, zafin inji da iska suna busar da ita sannu a hankali. Yanayi ma yana rage wa'adin. Honda, alal misali, ta sanya mil 105,000 ko shekara 7 ga Accord na wancan zamani, amma ta ce a sauko zuwa mil 60,000, wato kimanin kilomita 100,000, idan ana yawan tuƙa motar a zafin da ya haura digiri 43 ko sanyin da ya yi ƙasa da digiri 29 ƙarƙashin sifili. Haka kuma motar da ke shafe sa'o'i a cunkoso, injinta yana aiki ne mitarta ba ta ƙirgawa. Kai kuwa kana da matsala biyu: ba ka san ranar canjin ƙarshe ba, kuma a motar hannu lambar da ke kan mita ba kullum take faɗin gaskiya ba. Idan bel na farko ne, ya wuce wa'adinsa nesa ba kusa ba. Idan na biyu ne, mai yiwuwa yana bakin wa'adin.

Wannan ɗan danshin mai da bakanike ya ambata a taƙaice, a wurina shi ne mafi girman abin da ke cikin tambayarka. Bel irin naka an yi shi ne don ya yi aiki a bushe. Baƙin mai yana shiga robar ya kumbura ta, ya raba ta da zaren da ke ciki, ya kuma sassauta gindin haƙora. Ruwan lagireto da ke ɗigowa daga famfo shi ma yana cutar da shi. Bel ɗin da mai ya jiƙa ba a wanke shi a mayar, canja shi ake yi. Kuma dole ne a gano inda man ke fitowa, ko sil ɗin kamshaf, wato robar da ke hana mai fita, ko na kiranshaf, ko na famfon mai, ko gaskit ɗin murfin bawul da ke tsiyayowa daga sama. Idan aka sa sabon bel aka bar yoyon, an sa shi ne a cikin abin da zai kashe shi da wuri.

Game da famfon ruwa, bakanike na biyu ba neman ƙara maka kashe kuɗi yake yi ba. A injuna da dama bel ɗin tayimin ne ke juya famfon, kuma ko inda ba shi ke juya shi ba, sau da yawa famfon yana bayan murfin ne, sai an kwance duk abin da aka kwance yau kafin a kai gare shi. Boris ɗin famfo, da na fulin da ke ɗaure bel, wanda makanikai ke kira tenshina, da na fulin da bel ke bi ta kansa kawai, dukkansu sun yi juyi daidai da tsohon bel ɗin. Idan ɗayansu ya ƙame ko ya saki, zai tsinka sabon bel ko ya jefar da shi, ɓarnar kuma iri ɗaya ce. A aikin nan ƙwadagon kwancewa da ɗaurawa shi ne mai yawa, don haka rowar boris ɗaya tana iya sa a biya kuɗin aiki sau biyu. A sayi cikakken saiti: bel, tenshina, fuloli, famfon ruwa, da sil-sil ɗin gaba. Idan injinka na da ƙaramin bel na biyu mai juya sandar daidaita girgiza, kamar Accord ɗin da na ambata, a canja shi tare, domin idan ya tsinke yana iya cusa kansa a ƙarƙashin babban.

Ka kula da ingancin kayan. Gates, Continental, Dayco, Mitsuboshi da Aisin suna cikin sanannun masu ƙera waɗannan kaya, amma sanannen suna shi ake yi wa jabu, saboda haka amincin mai sayarwa ya fi rubutun kwali muhimmanci. Kada ka yarda da bel na hannu ko da ya yi kyau a ido, kuma a ƙirga haƙoran sabon a gwada faɗinsa da tsohon kafin a ɗaura.

Ranar aikin, yana da kyau ka tsaya ka gani. Injin ya kasance a sanyaye. A daidaita makin kiranshaf da na kamshaf, wato alamomin saitin tayimin, kafin a cire tsohon bel, kuma bayan an cire shi kada a juya ɗayansu shi kaɗai a injin mai karo. Kada a lanƙwasa sabon bel da ƙarfi ko a murɗe shi, kuma kada a tura shi kan fuli da sukundireba, domin zaren gilashi yana karyewa a ciki ba tare da an ga komai a waje ba. Idan akwai kibiya a jikinsa, ta fuskanci inda injin ke juyawa. Tenshina mai aiki da mai, idan za a mayar da shi, a hankali ake matse shi, ba da gaggawa ba. Ɗaurin ma yana da ma'auni: idan ya yi yawa za ka ji bel yana kuka, boris kuma yana ci, idan ya yi sako-sako zai riƙa kaɗawa har ya tsallake haƙori. Kafin a taɓa makulli, a juya kiranshaf da hannu juyi biyu cikakku ta hanyar da injin ke juyawa, a sake duba maki. Idan aka ji ya cije a wani wuri, a tsaya a bincika, kada a tilasta. Babban notin fulin kiranshaf kuma a ɗaure shi da sifana mai ma'auni daidai da abin da kamfani ya rubuta. Daga nan a rubuta kwanan wata da lambar mita a jikin murfin, ka kuma ajiye rasit.

Idan har ya saki kafin ka kai ga gyaran, za ka gane shi da cewa motar ta mutu farat ɗaya, kuma da ka murza makulli kik yana juya injin da sauri da sauƙi fiye da yadda ka saba ji. To, kada ka ci gaba da murzawa, kada kuma a tura ta a giya don ta tashi, domin kowane juyi na iya lanƙwasa wani bawul. A ja ta zuwa gareji, a sa bel, a auna matsin kowane silinda. Wannan awon ne zai nuna ko bawul-bawul sun tsira ko sai an sauke kan silinda.