Hukuncin ƙirƙirar kalandar launuka a cikin labarin yara

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni malamar firamare ce a Unguwar Rogo, Jos, ina rubuta wa yara labarin wata ƙasa ta ƙage wadda mutanenta suke lissafin zamani da launin sararin sama. Shekararsu wata 10 ce, kowane wata da sunan launinsa, kamar Ja, Kore, Shuɗi da Ruwan Ɗorawa, kuma wata yana ƙarewa ne idan hasken asuba ya sauya launi. Yayana ya ce wannan jayayya ce da Alƙur'ani. Ɗalibaina kuma sun fara tambayata a wane launi aka haife su, da irin halin da launin yake ba mutum. In ci gaba ko in bari?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Malama, rubuta wannan labari halal ne, amma tambayar da ɗalibanki suka fara yi ta fi damuna a kan abin da ya tayar wa yayanki hankali.

Ayar da yake nufi ita ce ta 36 a Suratut Tauba, inda Allah Maɗaukaki ya bayyana cewa adadin watanni a wurinsa goma sha biyu ne tun ranar da ya halicci sammai da ƙasa, huɗu daga cikinsu masu alfarma, wato Zulƙi'ida, Zulhajji, Muharram da Rajab. Ayar da ke biye da ita ta yi tir da "nasi'u", ɗabi'ar Larabawan jahiliyya ta ɗage alfarmar Muharram zuwa Safar domin su halatta wa kansu yaƙi. Abin da aka hana, ke nan, shi ne taɓa lissafin da Allah ya rataya hukunci a kansa. Wanda ya tsara wata 10 ga mutanen da shi da mai karatu duk sun san babu su bai ɗage azumi ba, bai kuma matsar da Hajji ba. Wasu malamai sun ƙyamaci ƙagaggen labari saboda tsoron ƙarya, sai dai abin da na fi natsuwa da shi shi ne halacci, domin ƙarya tana tabbata ne idan an nufi a gaskata abin da ba haka yake ba, yaron da ya ji "ga ta nan, ga ta nanku" kuwa ya san Gizo bai taɓa zuwa fadar sarki ba.

Auna lokaci da launi da haske ma ba baƙon abu ba ne a Shari'a, kuma zan so yayanki ya lura da wannan. A aya ta 187 ta Suratul Baƙara an ɗaure farkon azumin yini da bayyanar farin zare daga baƙin zare na alfijir, har sahabi Adiyyu bin Hatim ya sanya igiya fara da baƙa a ƙarƙashin matashinsa yana dubawa, sai Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, ya bayyana masa cewa hasken rana da duhun dare ake nufi. A mazhabarmu ta Malikiyya lokacin Isha'i yana shiga ne da ɓoyuwar jan shafaƙi, zaɓaɓɓen lokacin La'asar kuma yana ƙarewa idan rana ta yi fatsi-fatsi. Ranakun 13, 14 da 15 na kowane watan Musulunci ana kiransu fararen kwanaki saboda hasken farin wata a dararensu. Idan labarinki ya sa yaro ya ɗaga kai ya dubi sama da asuba, ya kusantar da shi ga ilimin lokutan salla.

Sai dai halaccin yana da iyaka biyu. Iyakar farko ita ce kada wannan lissafi ya fito daga takarda ya shiga ibada ko ya kawar da Juma'a daga zukatan yara. Ba tsoron banza ba ne: a 1929 gwamnatin Tarayyar Sobiyet ta kafa makon aiki na kwana 5, aka raba ma'aikata da launuka, kowa da ranar hutunsa, har ya zama da wuya iyali ko masu ibada su haɗu a rana ɗaya, kuma sai a 1940 aka dawo da mako na kwana 7. Azuminmu da Sallarmu suna bin ganin jinjirin wata da sanarwar Sarkin Musulmi, kuma Suratul Baƙara aya ta 189 ta ce jinjirayen wata su ne ma'aunin lokaci ga mutane da Hajji.

Iyaka ta biyu ta fi kusa da ajinki. Da zarar an ce wanda aka haifa a watan Ja mai zafin rai ne, ko watan Baƙi ba a fara tafiya a cikinsa, an shiga camfi, an kuma buɗe ƙofar da masu duba da buruji suke shiga, sai dai da sabon suna. Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, ya kore camfi da shu'umcin watan Safar a hadisin da Bukhari da Muslim suka ruwaito, Nana A'isha kuma ta kafa hujja da aurenta a Shawwal a kan masu ƙin aure a cikinsa. Zuciyar yaro tana saurin riƙe irin wannan, kuma abin da aka fara da wasa a aji yakan bi mutum har girma. Saboda haka ki faɗa musu a fili cewa launi ba ya ba kowa hali ko rabo, kada kuma ki sanya mutanen labarin su riƙa cin nasara ko faɗuwa saboda watan haihuwarsu.

Ki ci gaba da rubutunki, ki rubuta a farkonsa cewa ƙage ne. Duk yaron da ya tambaye ki launin haihuwarsa, ki tura shi ya tambayi iyayensa a wane watan Musulunci aka haife shi, ya zo ya faɗa wa aji sunansa na Larabci da na Hausa, kamar Muharram da Cika-ciki. Allah ne mafi sani.