Gidan sauro ko maganin feshi, wanne za ni saye?

Wata 'yar'uwa daga unguwar Mabera nan Sakkwato ta turo tambaya, ta ce: "Malam, damina ta kama, sauro ya hana ma ɗiyana barci, ga kuɗina ba su da yawa. In sayi gidan sauro ne ko in ci gaba da maganin kunnawa da fiya-fiya? Kuma mi ya sa ko da rana sauro ke cizonmu?"

Hajiya, gaskiya sayi gidan sauro mai magani, ko da sai kin yi adashe. Sauron da ke kawo maleriya, wato Anopheles, macen ce ke cizo, kuma aikinta na dare ne tun daga magariba har asuba lokacin da yara sun yi nisa cikin barci, maganin kunnawa kuwa kullum sai kin sake saye, ga hayaƙi cikin ɗaki a rufe yaro ya kwana yana tari. Gidan sauro mai kyau yana kai shekara 3 in an kula da shi. Idan kin kawo sabo ki shanya shi a inuwa kwana ɗaya kafin a shiga, shi ke rage ƙaiƙayin fuskar nan da mutane ke kuka da shi, kada ki shanya a rana, kuma ki cusa bakinshi ƙarƙashin katifa ko tabarma. Ko tsakar gida kuke kwana saboda zafi a ɗaura shi. Fiya-fiya kam wallahi ina roƙonki ki fidda ta daga gidan da ke da yara, guba ce, kuma cikin kwalba marar suna ake sai da ta.

Na rana kuwa wani sauron ne daban, Aedes, baƙi mai ratsin fari a ƙafa, ya fi cizo da hantsi da kuma la'asar sakaliya. Shi ke yaɗa ciwon shawara da zazzaɓin dengue, kuma hukumar yaƙi da cututtuka ta ƙasa, NCDC, ta tabbatar da ɓullar dengue nan Sakkwato a watan Nuwamba na 2023. Wannan sauron ruwa mai tsabta yake so, randa, duro, tsohuwar taya, gwangwanin da ruwan sama ya taru ciki. Leƙa durom ɗinki, in kin ga wasu 'yan tsutsotsi suna wutsil-wutsil to ɗiyan sauro ne. Ki rufe shi, ki riƙa juyewa kina goge cikinshi duk mako.

Wani ɗan'uwa daga Arkilla kuma yana tambaya ko ya sayi maganin maleriya a kemis ya ajiye, duk wanda zazzaɓi ya kama a ba shi. A'a Malam, a fara yin gwaji, 'yan mintuna ne. In dengue ce maganin maleriya ba ya taɓa ta, kuma asfirin na iya jawo zubar jini, farasitamol ake sha a nufi asibiti. Sannan masu rabon maganin rigakafin damina na yara 'yan wata 3 zuwa 59 in sun yi sallama ka karɓa, kyauta ne, a tabbatar yaro ya sha na kwana ukun duka.