Amsa ga mai tambaya kan sana'ar kiɗan fim a Gombe

Ƙanena, ka ce hannunka ya faɗa a piyano, kana tambaya ko mutum zai iya riƙe kansa da kiɗan fim yana zaune a Gombe, ko dole sai ya tattara ya koma Kano. Shekara 14 ke nan ina wannan sana'a, kuma a Jekadafari na fara, ina yi wa maigidana naɗin waya da sharar situdiyo.

Kafin maganar gari, ka san kiɗan waƙa daban, kiɗan da ke bin fim daban. A waƙa kai ne a gaba. A fim kuwa hoto ne maigida. Sai edita ya gama haɗawa a turo maka, ka kalla sau biyu ko uku hannunka bai taɓa piyano ba, kana rubuta minti kaza uwa ta shigo, minti kaza aka faɗa mata rasuwar. Aikina na farko, wurin zaman makoki na cika shi da sauti har ba a jin kukan matar. Darakta ya sa na cire komai, muka bar sarewa ita kaɗai, can ƙasa-ƙasa. Ranar da muka kalla tare, ni kaina sai da idona ya kawo ruwa. Har yau da wannan nake auna kowane aiki.

Ka koyi manhajar haɗa kiɗa a kwamfuta, FL Studio ko Cubase, sosai, amma kada ka tsaya kan kalangun cikin kwamfuta. Nemi makaɗi na gaske, ka biya shi, ka naɗi kalangu da garaya da algaita ka ajiye. Kunnen Bahaushe yana rarrabewa.

Batun Kano, ka je ka yi wata uku ko huɗu a san fuskarka, domin a can furodusoshi suka fi yawa. Bayan nan ta intanet ake turo aiki. Tun da Arewa24 ta fara a 2014, sannan fina-finai masu dogon zango suka cika YouTube, kowane mako ana neman sabon sauti. Wanda ya ɗauko kiɗan Indiya ya liƙa, masu shi na iya karɓe kuɗin tallan bidiyon, shi ya sa ake neman irinmu.

Kuɗin fim kaɗai bai taɓa riƙe gidana ba. Tallan rediyo da waƙoƙin biki ne ke cike giɓin, kuma sai da na sa sola sannan na daina saɓa alkawari.

Abin da ya fi ƙona mini rai, wani kiɗa da na sayar sau ɗaya ba rubutu, na ji shi a fim uku ba ko sunana. Don Allah kada ka miƙa aiki sai an rubuta: na fim ɗaya ne, ko an saya gaba ɗaya, kuma sunanka zai fito. Ko da ɗan'uwanka ne furodusan, ku rubuta.