Amsa ga ƙanenmu na Kano kan Takeshi Kitano

Ƙanenmu, ka tambaya ko ɗan daban da ka gani a fim shi ne mai ba da dariyar nan na talabijin. Shi ne. Mu Hausawan da ke zaune a Japan a talabijin muka fi ganinsa, kuma in hira ta biyo kansa da maƙwabta ko abokan aiki, Beat Takeshi muke cewa, don da wannan sunan suka san shi. Takeshi Kitano sunansa na marubuci da darakta ne, shi kuka fi ji a waje.

An haife shi a 1947 a unguwar Adachi ta Tokyo. Bai taso daga makarantar faɗa ba. Jami'ar Meiji ya bari, a 1972 ya kama aikin kula da lif a wani gidan wasa da ke Asakusa, ya zama yaron Senzaburo Fukami, wani gwanin wasan ban dariya. Abin da ake yawan kasa ganewa daga gida ke nan: a nan barance ne ƙofar sana'ar, kamar yaron maƙeri. Ka yi hidima, ka yi shiru, ka ɗauki aiki da ido. Daga nan ya haɗu da wani abokin sana'a, Kiyoshi Kaneko, su biyu suna manzai, wasan da ɗaya ke shirme ɗaya na kwaɓarsa. A can ya koyi lissafin lokaci, wato yaushe za a yi shiru, yaushe za a saki magana. Lissafin nan ya kai cikin faɗan finafinansa: kyamara a kafe, mutane a tsaye cirko-cirko, sai harbi ya tashi ba zato, kafin ka kifta ido an gama. Shi yake tace yawancin finafinansa, shi ya sa shirun ba ya gajarta.

Darakta kuwa sa'a ce ta ba shi. A 1989 darakta Kinji Fukasaku ya janye daga fim ɗin Violent Cop saboda lokutan aikinsu sun ƙi daidaituwa, Kitano ya karɓa, ya sauya labarin sosai. Sonatine na 1993 bai yi kasuwa a gida ba. Mutanen da suka saba dariya da fuskarsa sun ƙi ɗaukarsa da gaske. A Agustan 1994 ya yi haɗarin babur, gefen fuskarsa na dama ya shanye. Zanen da ya riƙa yi yana jinya su ne a fim ɗinsa Hana-bi, wanda ya ci babbar kyautar bikin Venice a 1997. Sai bayan Turawa sun yaba aka fara girmama shi a gida.

Takubban da ka tambaya, irin na Zatoichi na 2003, galibi a wannan sana'a na katako ne da aka lulluɓe da takarda mai ƙyalli, takemitsu ake ce musu. Akwai mai tsara kowane sara da taku tun kafin ɗauka. Takobi ba ya taɓa jiki, inda aka dasa kyamara ne ke ɓoye tazarar. In wanda za a sara ya riga saran faɗuwa, ko ya matso taku ɗaya fiye da yadda aka tsara, ko dai a sake ɗauka ko a ji ciwo.